Wakilin Alhazan Maya

Abdulghani, Saleh, Zakiya, ku ajiye shayin nan ku matso. Magana ce a kan ɗakinmu na ƙasa, amma sai kun ji labarin mai nemansa tukuna.

Wani ne a nan unguwar Ruwais, ba zan kama suna ba, ɗan dako ne a bakin mina, tashar jiragen ruwa. Wata rana ya sauke kaya daga wani jirgin ruwa, kukun jirgin mutumin Meksiko ne. Kuku ya nuna masa hoton wani gini mai kama da dutse, matakala tun daga ƙasa har ƙololuwa. Da guntun Larabci da nuni da hannu ya ce na mutanen Maya ne, masu birane da sarakuna. Sarkinsu gashin tsuntsu yake ɗaurawa a ka, cimarsu masara, abin shansu cakulan da barkono, kuma a wurinsu mai harara-garke shi ne kyakkyawa.

Gogan ya ce, "To wa ke wakilinsu a Jidda?"

"Wakili?"

"Mai tarbar alhazansu in sun sauka. Jawa mutanen Indunusiya suna da nasu, Indiyawa suna da nasu, mu Takari muna da namu."

Kuku ya ɗaga kafaɗa. "Ma fi."

"Ma fi? Wato babu? Al'umma guda har da sarakuna, babu mai miƙa musu ko buta?"

Nan take ya yar da igiyar dako. Halas, ya bar aiki.

Yana shiga gida ya ce wa matarsa, "Larai, kwashe kayanki ki koma saman rufi. Sarki zai sauka a ɗakin nan."

"Sarkin ina?"

"Maya."

"Kafin Sudan suke ko bayanta?"

"Ke dai kwashe."

Ta kwashe, amma ta ce, "Malam, ka ji ni da kyau. In aka sauko daga Arfa ban ga sarki a kan gadona ba, gidan yayana zan koma a Makka."

Ya jibge buhunan masara har bakin ƙofa. Ya kama zakaran maƙwabciyarsa Maimuna ya fige masa jela, ya soke a hula. Kullum yana bakin mina ya karkace idanu don baƙi su gane nasu ne. In jirgi ɗaya ya taho sai ya ga biyu, yana ta murna wai harka ta buɗe.

Ran nan wasu tsofaffin alhazan Jawa suka sauko, teku ta jijjiga su, ko tsayuwa ba sa iyawa. Ya tare su.

"Maya?"

Suka gyaɗa kai. Da ce musu ya yi jaki ma gyaɗawa za su yi.

"Yalla, ku biyo ni!"

Ya kai su gida, ya zaunar da mafi tsufan a kan gadon Larai, ya dama cakulan ya antaya barkono. Tsoho ya kurɓa, hawaye shar, yana dukan ƙirji.

Gogan ya leƙa tsakar gida. "Larai, sauko ki gani! Sarki ya tuna gida."

Kafin la'asar sai ga wakilin Jawa da askari, wato ɗan sanda, ana neman alhazai kamar an yi ɓatan yara. Askari ya dube shi ya ce, "Ya ammi, me ya sami idonka?"

"Kwalliya ce."

"Na kan hular fa?"

"Kayan aiki."

A caji ofis ya yi sallar magariba, da jelar zakara da komai.

Aka hau Arfa aka sauko. Larai ta ɗaure ƙunshinta. Ni na tare ta a hanya, na ce ta zauna wurina in gwada shi sau ɗaya. Ta ce in ya koma dako ta koma ɗakinta, in ya sake ambaton sarki motar Makka ba ta ƙare ba. Na aika aka tambayo mini ustazun da ke koya wa jikokina tarihi, na ji komai.

Ɗazu sai ga shi, wai in ba shi ɗakin ƙasa, nasa ya yi kaɗan ga hajjin baɗi. Larai tana bayan labule tana ji.

Yanzu tana ciki ta rungume ƙunshi, shi yana zaure yana jiran makulli. Gidan ubanku ne, ku za ku yanke: a ba shi ɗaki, ko a raka ta tasha. Amma ku ji yadda muka ƙare.

Na ce, "Kai, buɗe kunnenka. Biranen nan daji ya cinye su. Sarakunan sun mutu shekara wajen dubu. Jikokinsu suna can suna noman masararsu, ba su san da kai ba, kuma a duk tsawon nan ba a taɓa jin jirginsu ya tsaya a Jidda ba."

Ya gyara hula.

"Shekara dubu ba su zo ba, Hajiya? To ɗakin ƙasa ba zai isa ba. Haɗa mini da na sama."