Rasuwar Marfusha, Kyamarar Yefim Lukyanovich

Da zuciya mai cike da baƙin ciki, wadda ko shayi mai zafi ya kasa lallashinta, Yefim Lukyanovich Perepyolkin, tsohon mai ɗaukar fim na birnin Perm, da maiɗakinsa Taisiya Gavrilovna suna sanar da 'yan'uwa da abokan aiki da maƙwabta rasuwar kyamararsu, Marfusha, wadda ta cika ranar Asabar da ta wuce tana tsaka da aiki.

An haɗa su ne tun yana saurayi, ranar da ya kama aiki a kamfanin fim. Mai kula da ɗakin kaya ya miƙo masa ita ya ce, "Ungo. Duk wanda na ba sai ya dawo min da ita, wai ta cika surutu." Bai yi mata ƙazafi ba. Da an danna ta sai ta kama trrrrrr, kamar keken ɗinki ya haɗiyi tsakuwa, har 'yan wasa ba sa jin abin da darakta ke faɗa. Yefim Lukyanovich ya sha cewa wannan ne babban alherin da ta yi wa fim a ƙasar nan.

Marigayiyar ba ta san ƙyuya ba. Ta je can ƙuryar arewa ɗaukar makiyayan barewa, cikin sanyin da ke daskarar da mai a jikin ƙarfe. Nan maigidanta ya tuɓe rigar gashinsa ya lulluɓe ta, ya dawo gida da yatsu biyu da har yau ba sa jin zafin kofi. Taisiya Gavrilovna ta wanke shi tas, sannan ta zauna ta ɗinka wa Marfusha rigarta ta kanta, har da maɓallai. Wata shekara kuma marigayiyar ta suɓuce daga kwale-kwale a kogin Kama. Ya bi ta, sai da ya ji shi tsundum a ruwa ya tuna bai iya iyo ba. Masunta suka tsamo su tare, ita a sama, shi a ƙasa.

Ba ta iya ƙarya ba, kuma hakan ya ja musu. Fim ɗin da suka fi ƙauna, na wani ƙauye da ruwan dam zai haɗiye, manya suka kalla suka ce tsofaffin ciki ba sa murna yadda ya kamata. Aka kulle shi, ba a nuna ba sai da furfura ta gama da kan Yefim. Da zamani ya juya kamfanin ya rushe, aka watsa ta cikin tarkacen da za a narke. Ya ɗauko ta a buhun dankali ya kawo ta gida.

Ciwon ajali ya fara da tari. Tana cikin trrrr sai ta yi kak, ta tsaya. Amininsa Rinat Ildarovich mai gyaran agogo ya buɗe cikinta ya girgiza kai. "Yefim, haƙoranta sun ƙare, masu yin irinsu kuma duk sun kwanta dama. Bar ta ta huta."

Sai dai jikarsu Zlata ta riga ta yanke hukunci: "Kaka, ko Marfusha ta ɗauki bikina, ko a fasa."

Yefim ya fito da naɗin fim ɗinsa na ƙarshe, wanda ya daɗe a firji bayan kwalaben kokwamba. Ranar biki amarya ta fara saukowa daga bene, Marfusha ta tayar da murya, har dangin ango suka waiga neman babur. Ta riƙe, ta riƙe, sai da Zlata ta juyo ta yi wa kakanta dariya, sannan ta yi kak. Daga nan shiru. Bai sauke ta ba. Ya ci gaba da manna ido yana bin amarya har ta shiga mota, don kada ta gane Marfusha ta cika. Da aka wanke fim ɗin, dariyar ta fito garau. Kan ango ne kawai bai shiga ba, iyalin kuwa sun yarda ba a yi babbar asara ba.

Ta rasu ta bar gilasai uku, ɗaya da tsaga, da mariƙinta mai ƙafa uku wanda ya daɗe yana ɗingishi, da maigidanta wanda kafaɗarsa ta dama ta fi ta hagu gangarawa, ba telan da ya iya ɓoye hakan.

Za a kwantar da ita ranar Lahadi a saman kabad ɗin gidan gonarsu, fuskarta na kallon taga. Akwai wainar blini da zuma, da abin sha da za a ɗaga ba tare da an goga kofuna ba, kamar yadda ake yi a zaman makoki. Duk wanda ya ce waya ta fi ta, ya zo da abincinsa.

Ana roƙon masu ta'aziyya su iso da la'asar, lokacin da rana ke shigowa ta cikin bishiyoyin tuffa. Idan Yefim Lukyanovich ya kama kafaɗarku ya matsar da ku kusa da taga, kada ku yi gardama. Ba shi da abin ɗaukarku. Ku dai tsaya ya gan ku.