Rasuwar Memorin da Baba Zailani Yake Ciki

Da zuciya mai cike da baƙin ciki, cikar da ta hana ni cin tuwo, ni Muhammad Awwal mai shagon gem a bayan tashar Ƙanƙara nake sanar da rasuwar memorina, ɗan baƙin katin nan da muke adana 'yan kokawar da muka ƙera a gem ɗin resilin.

Marigayin mai riƙon amana ne. Ba shi da surutu, in ka soka shi a inji sai ya ce ƙit, shi ke nan. Shi ya ɗauki Ɗanliti mai shayi da tumbinsa, da Mas'udu na Sabuwa wanda ya nace a ƙara masa ƙwanji alhali kowa ya san hannunsa kamar kara yake. Bai taɓa tona ma kowa asiri ba.

Babbar ajiyarsa kuwa kakana ne, Baba Zailani, wanda ya yi zamaninsa yana kada maza a Ruwan Godiya, ya bar duniya bai bar hoto ko ɗaya ba. Matarsa Hajiya Mero, kakata, ita ta zauna gaban talabijin ina ƙera shi a gem tana gyara mini: hancin ya yi tsawo, gashin bakin ya yi kaɗan, wuyan nan na ɗan maraƙi ne ba na mijinta ba. Da ya fito daidai, sai ta ja mayafi. Tun daga ranar, duk ranar kasuwa sai ta biyo ta ga tsohonta ya ɗaga ƙaton Bature ya maka da ƙasa, tana yi masa kirari.

Ajali ya zo ta hanyar ƙauna. Hajiya ta ga abu mai daraja haka yana yawo tsirara a aljihuna, ta ɗauke shi ban sani ba, ta kai ma baduku ya ɗinke shi cikin jar fata kamar laya. Basilla ta shiga katin ta gaba ta fita ta baya. Wallahi ɗinkin ya yi kyau, har da tuntu.

Ya rasu ya bar injin gem, hannuwan buga gem biyu, ɗaya mai maƙalewa, da tsohuwa wadda ta daina cin goro tunda ta ji abin da ya faru.

Ba za a binne shi ba, yana rataye a wuyana, don Hajiya ta hana a cire. Za a yi zaman makoki ranar Asabar bayan la'asar a shago, da sabon memori. Duk wanda ya taɓa ganin Baba Zailani da idonsa, don Allah ya zo mu sake haɗa shi. Mas'udu kada ya zo da maganar ƙwanji. Hancin kuwa kowa ya cire bakinsa, Hajiya ta ce har yanzu tana ganinsa in ta rufe ido.