Yadda Za Ka Shiga Ƙarƙashin Tsohuwa Ka Fito A Bushe

Kai da kake shirin zuwa Fiordland, yankin nan na duwatsu da lungunan teku, a wannan bazara don gaishe da mahaifin yarinyar da ka sa wa zobe, aka kuma yi rashin sa'a mahaifin nan jirgin kallon namun teku yake tuƙawa, matso kusa. Ni Pania, na tsufa ina zuba wa 'yan yawon buɗe ido shayi a jirgin ƙanena Tipene, babu irin saurayin da ban gani ba. Na yi maka alkawari, in ka bi matakan nan yadda na jera su, za ka hau jirgi a bushe ka sauka a bushe, ko ɗigon ruwa ba zai taɓa ka ba. An gwada, ya yi aiki. Wanda ya gwada sunansa Corbin, ɗan birnin Auckland, shi ya zo neman Ruiha 'yar Tipene a watan Oktoban bara, kuma da shi za mu yi karatun.

Tun da sabon shiga ne kai, ga abin da ake jiran ka da shi. Can cikin lungun teku akwai wani ruwa da ke faɗowa daga kan dutse, mu Tsohuwa muke ce mata. A gidanmu duk wanda zai auri 'yarmu sai ya tsaya tare da ita a goshin jirgi, su riƙe kofi ɗaya, a cusa jirgin ƙarƙashin Tsohuwa har kofin ya cika, su kai wa babban gida. In ya sha, magana ta ƙare. Ba ma tambayar albashinka, ba ma tambayar kakanka. Ruiha ta faɗa wa Corbin wannan tun suna birni, ya ce mata ai shi ruwa gidansu ne.

Mataki na ɗaya: Sayi rigar ruwa, sannan ka hana ruwa ganin ta

Nemi wadda ta fi kowace tsada, ja jawur, mai aljifai kamar jakar wanzami. Da ka iso bakin jirgi, ka tabbata kowa ya ji cewa an gwada ta a kan dutsen ƙanƙara. Bayan haka duk inda ka ga danshi ka kauce. Corbin sai da ya goge benci da tsumman shayina kafin ya zauna. Na tambaye shi ba don ruwa aka yi rigar ba? Ya ce eh, Gwaggo, amma gishirin teku yana kashe mata launi.

Ka rataya kyamara mai dogon hanci a wuyanka. Ita ma ba ta son ruwa, ka ga kun zama ku uku.

Mataki na biyu: Nuna wa surukinka kai ma ɗan teku ne

Kada ka gaishe shi da ladabi, sai ya raina ka. Hau ɗakin tuƙi ba sallama, ka dafa masa kafaɗa, ka ce masa Kyaftin. Ka ba shi labarin jirgin shaƙatawa na kawunka da kuka taɓa gasa nama a cikinsa, ba sai ka ambaci cewa jirgin a ɗaure yake a ranar ba. In ka ga yana matsawa kusa da dutse, ka ba shi shawara ya ɗan yi hagu. Mutumin da ya yi furfura a kan wannan ruwan babu abin da yake ƙishirwa kamar shawarar baƙo.

Tipene ba mai magana ba ne. Duk abin da Corbin ya ce, sai ya ce, “To.” Ni da muka sha nono ɗaya na san nauyin wannan “to” ɗin, amma kai ka ɗauke ta a matsayin yabo, haka Corbin ya yi.

Mataki na uku: In an kira ƙarfe, duba agogonka

A jirgi ba a cewa duba can, don can ɗin kowa daban ne. Goshin jirgi shi ne ƙarfe goma sha biyu, dama ƙarfe uku, baya ƙarfe shida, hagu ƙarfe tara. Tipene yana bayyana wannan a lasifika tun kafin a kwance igiya. Kada ka saurara. Saurare na waɗanda ba su sani ba ne.

Muna fita kenan sai ya ce, “Dolfin, ƙarfe biyu.” Jirgi duk ya ruga dama, har da wata tsohuwa 'yar Koriya mai sanda. Ga su nan wajen goma, manyan kifayen nan masu son wasa, suna tsalle a gefenmu, da wani ɗan jariri manne da uwarsa. Corbin ya duba agogonsa, ya ga da saura, ya koma ya zauna. Har yaba wa Tipene ya yi wurin Ruiha, wai tsohon nan ya iya tsari, hatta kifayen ma da lokacinsu. Ruiha ta yi dariya har da hawaye, ta riƙo hannun rigarsa ta yi masa bayani. Lura da kyau, a wannan matakin tana dariya tukuna.

Mataki na huɗu: Kada ka bar dabba ta huta

Za a kai ku dutsen da karnukan teku suke shanya jikinsu a rana. Za ka iske su a baje, suna wari, ko kallon ku ba sa yi. Wannan raini ne, ka biya kuɗin mota tun daga garin Te Anau. Ka tafa musu, ka yi fito, ka yi haushi in ta kama. Hoto ba ya kyau da dabba mai barci.

Daga nan sai tawaki, ɗan tsuntsun nan da ba ya tashi sama, mai rawayar gira, mai tafiyar dattijon da ƙafa ke damu. Lokacin ƙyanƙyasa kaɗai yake zama a gaɓa, kuma kunya gare shi. Akwai masu zuwa shekara da shekaru ba su gan shi ba. Ruiha tun tana ƙarama mahaifiyarta, Allah ya ji ƙanta, take ɗora ta a kafaɗa su neme shi, kuma shi ne abin da ta fi ɗokin nuna wa Corbin. Rannan aka yi sa'a, ga ɗaya tsaye a bakin kogo. Tipene ya kashe inji. Jirgi ya yi tsit, ba ka jin komai sai ruwa yana lasar dutse. Ruiha ta matse hannun Corbin tana nuna masa da haɓa.

Nan ne wurinka. Ka buɗe murya yadda na bayan jirgi zai ji, ka ce, “Wai wannan ɗan abin aka kashe mana inji dominsa?”

Tsuntsun ya juya ya shige kogo. Ruiha ta saki hannun rigar. Ta zo ta taya ni jera kofuna, abin da rabon ta da yi tun tana makarantar sakandare. Wallahi raina ya ɓaci, na ƙona burodin cuku tire guda.

Mataki na biyar: Ci da kyau kafin bakin teku

Inda lungu ya haɗu da babban teku, jirgi yana rawa. Zan zagaya da alewar citta, kada ka karɓa, ka ce wannan ta yara ce. Ka sha miyar kabewa kwano biyu, ka ɗora da burodi mai nama. In cikinka ya fara juyawa, ka nufi ɓangaren da iska ke tahowa, don abin da ka fitar ya koma kan wani. Na Corbin a takalmin wani Bajamushe ya sauka. Rigar ba ta samu ko ɗigo ba, ka ga amfanin karatu.

Mataki na shida: Tsohuwa

Duk abin da ya gabata sharar fage ne. Da Corbin ya tsaya a nan, da an yafe masa sauran, don mu ba mala'ika muke nema ba.

A bazara Tsohuwa ba ta wasa. Ƙanƙarar kan duwatsu tana narkewa, ga ruwan sama da aka kwana biyu ana yi, tun daga nesa kake jin rugugin ta a ƙirjinka. Ruwan kuma sanyinsa har cikin haƙori. Marigayi mijina Hemi, ko iyo bai iya ba, kwale-kwale ma tsoron sa yake ji. Ranar tamu ya rufe ido yana karanto duk addu'ar da ya sani, amma hannunsa bai bar kan nawa ba har kofi ya cika ya tumbatsa. Ya yi mako yana atishawa. Har yau in jirgi ya doshi wurin nan sai na ji kewarsa. Amma shi wawa ne, kada ka yi koyi da shi, ya jiƙe.

Ga yadda gwani yake yi. Na miƙa musu tsohon kofin tangaran na gidanmu. 'Yan yawon buɗe ido suka ja da baya suka ɗaga wayoyi, don Tipene ya sanar da su abin da ake ciki. Ruiha ta cire hularta, ta kalli Corbin, ta ce masa ya riƙe da kyau. Ya riƙe da yatsa biyu. Jirgi ya matsa, feshi ya fara iso mu, ƙara ta cika kunne.

Da ka ga ɗigon farko ya doso goshinka, saki kofin. Kama kafaɗunta da hannu biyu, ka juyo da ita gabanka, ka duƙa a bayanta, ka cusa kyamara cikin riga. Ka ja ta da baya da baya har ƙofar ɗakin fasinja, ka shige, ka rufo. An ce ruwan da ya dake ka shi ne ruwa, to kai ka tabbata wani ya daka. Da idona na ga wannan, ba labari aka ba ni ba, kuma mutum arba'in sun ɗauka a waya.

Mataki na bakwai: Karɓi abin da aka miƙo maka

Ruiha ta tsaya a bakin ƙofar da aka rufe mata. Sai ta juya ta koma goshin jirgi ita kaɗai, ta ɗaga kofin da hannu biyu. Tipene bai ja da baya ba, ya bar jirgin a wurin, Tsohuwa tana dukan 'yarsa har kofi ya cika. Na leƙa sama na ga fuskarsa ta gilashi, ban so na gani ba.

Ta taho ruwa na zuba daga gashinta, leɓunanta sun yi shuɗi. Ta wuce matakalar ɗakin tuƙi ba ta hau ba. Ta shigo inda Corbin yake zaune yana goge hancin kyamara, ta ajiye masa kofin a gaba.

“Sha,” in ji ta.

Ya yi murmushi ya ce, “Ba na Kyaftin ba ne?”

“Baba ba ya jin ƙishirwa yau.”

Ya kafa kai ya sha. Wani abu ya yi ƙaras a haƙorinsa. Ya tofa a tafin hannu, sai ga zoben da ya sa wa Ruiha.

Abin da ya rage maka shi ne ka ɗauki rigarka ka koma can bayan jirgi ka zauna kai kaɗai. Na lulluɓe Ruiha da bargo na ba ta shayi mai sukari da yawa, ta yi kukanta a kafaɗata, ni kuwa ban taya ta ba, don daɗi nake ji. Muna dab da shiga tasha sai lasifika ta yi tari. Tipene, da muryar nan tasa da yake kiran dolfin da ita, ya ce, “Jama'a, ƙarfe shida. Abin da ba a cika gani a wannan teku ba, busasshen mutum.” Jirgi duk ya waiwaya baya. Corbin ya duba agogonsa.

Gargaɗi

Ni bushewa na yi maka alkawari, ban yi maka alkawarin mata ba. Duk wanda ya bi matakan nan ya koma birni da zobe a aljihu, ko ya ga kansa yana yawo a wayoyin mutanen Koriya da Jamus, kada ya neme ni, kada ya nemi Tipene, kada ya kuskura ya nemi Ruiha, ta samu aiki tana ƙidayar tawaki, ba ta da lokacinsa. Babu ruwana da kuɗin riga, babu ruwana da takalmin Bajamushe. Wanda kuma ya ji kamar da shi nake, to da shi nake. Kofin dai na wanke shi na rataye a inda yake, yana jiran wanda bai karanta wannan ba.