Taga Ɗaya ta Mamduh Basha

Idan ana lissafa ni'imomin da Allah ya yi wa garinmu, wasu kan fara da kogin Nilu, wasu da gonakin rake. Duk ba su san abin da suke ciki ba. Babbar ni'imarmu ita ce Ustaz Mamduh Zahran, shugaban ofishin jawo masu zuba jari, wanda aka turo mana daga Alƙahira da baƙar kwat, da gashin baki mai sheƙi, da turaren da ke riga shi shiga ɗaki. A takarda dai Ustaz ne. Wata rana direba ya kira shi Bey, laƙabin manyan da, ya ga ko gezau bai yi ba, ya ƙara masa zuwa Basha, sai ga shi ya waiwayo. Tun daga ranar ya zama Mamduh Basha, kuma ba wanda ya isa ya rage masa ko wasali.

Ilimi kuwa ba a magana. Ya taɓa zuwa wani taro a Dubai, ya dawo da jakar taron da katin wuya mai sunansa, wanda ya rataye a ofis inda wasu ke rataye hoton iyayensu. Tun daga lokacin bakinsa ya daina iya cewa kasuwa, sai "yanayin zuba jari". Ya taɓa tsare mai gasa masara a bakin kogi yana yi masa bayanin gasar cinikayya tsakanin ƙasashe, har masarar ta ƙone.

Abu ɗaya ne ke cin ran Basha, shi ne garinmu. Ba ya ƙaunarsa ko kaɗan. A ganinsa tasha ce da jirgi ya ajiye shi bisa kuskure. Matarsa Madam Nagwa ta fi shi ma, don kullum da safe kafin ta miƙa masa shayi sai ta tambaye shi yaushe za su koma cikin mutane. Gwamna kuwa, da ya gaji da naci, ya yi masa alkawari: ya kawo mai jari guda ɗaya tak, na gaske, wanda zai gina abin da za a iya ɗauka a hoto, shi kuma zai rubuta a mayar da shi ma'aikata a Alƙahira da ƙarin girma. Da wannan alkawari Basha yake kwana, da shi yake tashi.

Ana nan sai umarnin gyara ya iso daga sama. A da, wanda ke son buɗe masana'anta sai ya zaga tagogin zauren ofishin kaf: tagar 'yan kwana-kwana, tagar lafiya, ta haraji, ta filaye, ta wutar lantarki, da sauransu, kana ya ƙare a tagar mai hatimin mikiya, tambarin gwamnati, wanda in bai buga ba duk wahalar ta tashi a banza. Mutum mai haƙuri da takalmi mai ƙwari yakan gama dai wata rana. Sabon umarnin ya ce wannan yawo ya isa, daga yanzu mai jari ya gama komai a taga ɗaya.

Basha ya karanta, ya ji tsikar jikinsa ta tashi. Sauran shugabannin ofisoshi na can suna kiran taro don su fahimci abin da ake nufi. Shi ba ya cikin masu jinkirin fahimta. Washegari ya kira magina, suka toshe tagogin nan duka da jan bulo, aka bar ta tsakiya. Ita kuma aka zagaye ta da farin dutse, aka sa mata fitila mai walƙiya, aka ɗaura ƙyalle, Basha ya yanka da almakashi.

"Ya ku jama'a," in ji shi, hannu ɗaya a ƙirji, "yau mun binne zamanin wahala. A Singafo taga ɗaya ce. A Dubai, na gani da idona, taga ɗaya ce. Ku ƙirga tamu da kanku. Wanda ya samo ta biyu a ginin nan, na ba shi kujerata!"

Aka ƙirga, aka tarar gaskiya ya faɗa, aka tafa.

Sai dai akwai 'yar matsala, irin wadda ba ta isa ta dami babban mutum ba. Ma'aikatan tsofaffin tagogi suna nan daram, don a ƙasarmu ba a korar ma'aikacin gwamnati sai dai mutuwa ta sallame shi. Tagar kuwa kai ɗaya take ɗauka. Basha ya warware wannan cikin hikima: kowa da ranarsa. Lahadi ta jami'in lafiya, Litinin ta ɗan kwana-kwana, haka dai. Da yake ma'aikatan sun fi ranakun mako yawa, kafin layi ya zagayo kan mai haraji, sa hannun ɗan kwana-kwana ya tsufa, sai an sake. Mai hatimin mikiya kuwa ya zama kamar jinjirin watan Sallah, kowa na cewa an gan shi, amma ba ka samun wanda ya gani da idonsa.

Layi ya fara daga bakin taga, ya fita ƙofa, ya sauka matakala, ya bi jikin katanga har ya sha kwana wajen masallaci. Mutanen gari, da ba sa barin baƙo ba suna, suka laƙaba wa Basha Abu Shubbak, wato Mai Taga. Da labarin ya je kunnensa ya ji daɗi ƙwarai, ya ce dama tarihi da kansa yake raɗa wa mutanensa suna.

A cikin layin akwai Hajji Sha'aban, manomin albasa da ya zo neman izinin kafa injin busar da albasa don kaiwa waje. Ya tsaya, ya tsaya, har albasar ta tsira a rumbu. Wata rana yunwa ta ishe shi, ya sa aka kawo masa tukunyar ful daga gida, waken nan namu da ba ya ƙin kowa. Na gabansa ya ce a sayar masa, na bayansa ma haka. Kafin wani lokaci Hajji Sha'aban ya kafa tebur da rumfa, ya ƙara da ta'amiyya mai zafi, wato ƙosanmu, da gurasa. Wanda ya zo neman izinin masana'antar tayil ya koma bayar da hayar kujeru. Aka samu masu shayi, masu kwafin takardu, masu tsaya maka a layi ka je ka yi salla. An ma ƙulla aure a wajen, tsakanin ɗan mai neman izinin kiwon kaji da 'yar mai neman na sabulu.

Kullum da hantsi Basha kan fito barandar bene, ya leƙa, ya cika da farin ciki.

"Dubi yadda masu jari ke turereniya a kaina," yakan ce. "A da wa ya taɓa ganin haka a garin nan?"

Ran nan Hajji Sha'aban ya ɗaga kai ya hango shi.

"Ya Basha! Allah ya ja zamaninka, takardata fa? Albasa ta zama gona a cikin ɗaki!"

"Haƙuri, ya Hajji. Gyara ba ya son gaggawa. Kai yanzu abokin tafiya ne a sabon tsari."

"To tsarin zai ci da ƙwai ko ba ƙwai? In aiko maka."

Basha ya ce da ƙwai, kuma a ƙara man zaitun.

Daga ƙarshe addu'ar Madam Nagwa ta karɓu. Wani attajiri daga Kuwait, ana ce masa Abu Mish'al, ya sauka a garinmu yana neman inda zai sa kuɗi. Basha ya sa aka wanke titi, aka shafa wa kututturan bishiyoyi farar ƙasa. Aka ciyar da baƙo tantabaru cushe da shinkafa har ya ɗaga hannu. Sannan aka kai shi unguwar masana'antu, wadda ke da ƙofa mai kyau da allo mai kyau, a bayansu kuma rairayi ne iya ganinka, sai wani kare da ke kwance a inuwar allon. Basha ya yi ta nuna masa inda kaza zai kasance da inda kaza zai kasance. Abu Mish'al ya yi ta jan carbi yana hamma.

Hankalin Basha ya tashi. Ya ga Alƙahira tana ja da baya. Sai ya ce a biya ta ofis, baƙo ya ga tagar da ba irinta.

Ko kallon tagar Abu Mish'al bai yi ba. Tun daga kwanar masallaci ya sa aka tsayar da mota, ya fito, ya bi layin da ƙafa yana duban jama'a, masu ci na ci, masu sha na sha. Hammar nan ta ɗauke. Ya tsaya a rumfar Hajji Sha'aban.

"Baba, kullum haka wurin nan yake?"

"Kullum, ranka ya daɗe. Har Juma'a, don masu kama wa Lahadi wuri."

"Ba ya raguwa? Ko da zafi?"

"Raguwa? Tunda Allah ya kawo mana Basha, wanda ya shiga layin nan bai taɓa fita ba. Sai dai ɗansa ya gaje shi."

Basha ya gyara wuyan kwat, ya matso.

"Aikina ne, ya Shaikh. Ni kaɗai na tsara shi, ba da shawarar kowa ba. Kafin in zo, nan wurin kuturu ma ba ya tsayawa."

Abu Mish'al ya dube shi tun daga sama har ƙasa, irin duban da ake yi wa saniyar tatsa a kasuwa, ya ce a kai shi wurin Gwamna.

A falon Gwamna ya faɗi abin da ya yanke. Zai sayi filin da ke kallon ofishin, ya ta da bene: ƙasa gidan shayi da gidan abinci, Hajji Sha'aban ya riƙe kicin, tsakiya ɗakunan kwana don masu zuwa daga ƙauyuka, gefe kuma kantin magani, musamman na hawan jini. Izini kuwa Gwamna ya sa hannu da kansa, don shi Abu Mish'al ba shi da lokacin taga. Basha ya ji kamar ya tashi sama. A zuciyarsa har ya zaɓi labulen sabon ofishinsa mai kallon kogi.

"Amma ina da sharaɗi guda," in ji Abu Mish'al. "Mu abin da muke tsoro a ƙasashen nan shi ne canji. Ka zuba dukiyarka yau, gobe a wayi gari an sauya tsari."

Basha ya yi zumbur ya miƙe, tun Gwamna bai buɗe baki ba.

"Ka ji mutumin da ya san duniya! Abin da nake ta faɗa ke nan, ya mai girma Gwamna: ɗorewar manufa ita ce uwar jari. Ko mene ne sharaɗinsa a rubuta, ni na lamunce, kuma ni zan fara sa hannu. Ƙasar da ba ta cika wa mai jari alkawari ba ta cancanci a kira ta ƙasa ba!"

"Madalla," in ji Abu Mish'al. "A rubuta cewa muddin ginina na tsaye, ba za a ɗaga wannan bawan Allah daga kujerarsa ba. Ba canjin wuri, ba ƙarin girma. In aka kawo wani mai hankalin gaggawa ya buɗe tagogin nan, wa zai sha shayina?"

Basha ya koma kujera ya zauna a hankali. Gwamna, wanda ya samu mai jari da hoto a rana ɗaya, ya share hawayen dariya da hankici, ya zare alƙalaminsa na zinariya ya miƙa masa.

"Bismilla, ya Basha. Kai ka ce za ka fara."

Ya sa hannu. Mai hoto ya ce a yi murmushi, ya yi iya ƙoƙarinsa.

A yarjejeniyar, sunan Mamduh Zahran ya fito cikin abubuwan da hukuma ta ɗauki alkawarin ba za su yanke wa ginin ba, tsakanin ruwan famfo da wutar lantarki. Ruwan da wutar dai sukan ɗauke lokaci-lokaci. Basha kuwa, alhamdu lillahi, yana nan.