Yadda Za Ki Turke Jarumin Waya Ya Kai Ki Ƙarshen Wasa

Ke 'yar'uwa, matso kusa. In dai kina da waya mai shafawa, kina kuma da jika mai dogon hannu, wannan karatun naki ne. Na yi miki alkawari, in kin bi abin da zan faɗa miki daki-daki, jaruminki na cikin waya zai kai ƙarshen wasa a tsaye, ƙato, yana sheƙi, na jikanki kuwa yana kwance. Ni Iya Mero ta Saulawa na gwada, an gani. Akwai shaidu, har da waɗanda ba a gayyata ba.

Ga mafarin abin. 'Yata Adawiyya da ke aure a Kaduna ta aiko mini da sabuwar waya. A cikinta nake jin duniya: wa ta haihu a Paki, wa ya yi rufin kwano a Ikara, wace ce ta je biki da mayafin aro. Sai jikana Ɗanliti, ɗan ɗana, saurayi mai noman rake, wanda nake kira Maigida, ya sa mata ido. Tasa wayar fuskarta duk ta tsage kamar ƙasar fadama da rani, ga zafi, ga shan caji.

Da aro ya fara. Ya zuba mini wani wasan yaƙi a ciki: kowa ya zaɓi jaruminsa, a jefa ku daji ɗaya, kowa da gidansa a gefe. Kana kashe namun daji ana ba ka zinari, ka sayi kayan faɗa. Wanda ya rushe gidan wani, shi ya ci.

Ran nan ya ce, "Tsohuwa, tsakani da Allah mu yi musaya. Ke gulma kawai kike ji da ita, ko rediyo ya ishe ki."

Na ce, "Rediyo ya san wanda aka koro daga zance a Paki?"

"To me za ki yi da waya mai ƙarfi haka?"

"Mu kara a wasan nan naka. In ka kayar da ni, waya taka ce. In na kayar da kai, duk ranar kasuwar Makarfi kai ne direbana, kuma ba ka ce mini in yi sauri."

Ya yi dariya har da riƙe ciki. Ya ce ya ba ni har a cire masara, in koya. To ga abin da na koya.

1. Zaɓi mummuna

Za su jero miki jarumai kamar samari a dandali. Akwai siriri mai takobi biyu da gashi har kafaɗa. Akwai mai kwari da baka, yana wani karkace tsayuwa. Kada ki ko kalle su. Irin waɗannan da safe suke da kyau.

Ki gangara can ƙarshen layi. Za ki ga wani gajere mai tumbi, ba wuya, yana tafiya kamar an ɗora masa buhu. Shi ne naki.

Nawa na sa masa suna Uwaisu, sunan wani da ya neme ni ina budurwa na ƙi shi saboda tumbi. Yau yana nan a Kudan da ransa, da haƙoransa, yana shan rake. Kyawawan da muka yi ta rububi a kansu, duk shi ya raka su makwanci. Allah ya ji ƙansu. Amma darasi ne.

2. Ki bar musu faɗa, ki tafi gona

Da an buɗe wasa, yaran nan sai su ruga tsakiyar fili suna neman wanda za su sara. Ke ba da ke ba. Ki ja Uwaisunki ki shiga kurmi, ki bi ƙananan namun nan ɗaya bayan ɗaya. Kowane da ɗan zinarinsa. Wannan shi ne nomanki, shi ne kuma dusar ragonki. Ragon turke ba ya zuwa karo, ci yake yi.

Za ki mutu, ba sau ɗaya ba. Ni farkon da Uwaisu ya faɗi har salati na yi, na ajiye waya na juya mata baya. Ashe mutuwar can ba ta da zaman makoki. Kafin ki gyara ɗaurin kallabi ya tashi a gida, yana jiran umarni.

Masu iya magana sun ce sannu ba ta hana zuwa. Ni kuma na ce, wanda ya riga kowa zuwa gidan biki shi ake sa wa wanke-wanke.

3. A kasuwa, ido ba ya yi miki ciniki

Nan ne ake gane mai hankali. Akwai shago a cikin wasan, kaya jere, duk da rubutun Turanci. Kada rubutun ya dame ki. Ni ajin yaƙi da jahilci na yi, shi ma rabinsa hira muka sha. Hoto nake bi.

Takobi mai walƙiya, a'a. Hula mai gashin jimina, a'a. Waɗannan kayan masu sayar da masara ranar da aka cire ta ne. Kin san maƙwabcinmu Ahmadu? Duk shekara kafin buhu ya huce ya kai shi kasuwa, ya dawo da sabon agogo. In marka ta yi, sai ki gan shi yana zagayen rumbunan mutane yana gaisuwa mai tsawo. Agogon yana nan, yana faɗa masa lokacin abincin da babu.

Ke ga naki tsarin. Fara da takalmi, don mai tumbi yana bukatar abin gudu. Sai jan tulu, wanda ke ƙara tsawon jan layin nan na saman kansa. Yara suna ce masa jini, in ya ƙare an mutu. Sai sulke. Sai wani koren ganye da ke mayar da jini a hankali ko kina tsaye kina hira.

Na ƙarshe, mafi tsada, rigar ƙaya. Duk wanda ya doki mai ita, shi zai ji zafin. Halin uwar mijina ke nan sak, Allah ya kai haske kabarinta. Kada ki taɓa zinarinki don wani abu in kin kusa kai wa kuɗin rigar nan. Ki daure. Rumbu ba a buɗe shi don baƙo ya yaba.

4. Ki san wayar abokin gaba kamar yadda kika san tukunyarki

Ana gobe karawa, ki kai wayarki shagon caji da ƙafarki, ki zauna a kanta har ta cika. Ba a aiken jika.

Sannan ke za ki sa lokaci. Ki ce bayan la'asar. Lokacin tasa ta wuni a gonar rake tana yi masa waƙa a aljihu.

5. Ki sha zagi da murmushi

Ranar tamu, a tsakar gida muka shimfiɗa tabarma, gindin dalbejiya. Aminiyata Ruƙayyatu mai ƙuli-ƙuli ita ce alƙali. Ba ta san komai a wasan ba, amma ba a taɓa yin abu a unguwa ba ta ba da labarinsa daidai ba, har da ƙari. Matan maƙwabta suka leƙo, wai aron rariya.

Ɗanliti ya ɗauko siririn nan mai takobi biyu. Kafin in gama bismilla ya same ni a kurmi ya sassare Uwaisu.

Ya ce, "Tsohuwa, wannan jarumi ne ko buhun gero?"

Na ce, "Sannu da aiki, Maigida."

Ya sake samuna, ya sake kashewa. "Ki fara yi wa wayar nan sallama. Goggo Ruƙayyatu, ki shaida."

Ruƙayyatu ta sunkuyo kunnena. "Mero, wannan mai tumbin naki ne ke ta faɗuwa?"

"Shi ne."

"To ni dai ba zan iya gyara wannan labarin ba."

A nan ake so ki riƙe zuciyarki. Kada ki rama. Ya kashe, ki tashi, ki koma gona. Shi yana can yana sayen takobi a kan takobi, yana rawa a tsakiyar fili. Ke kina tara na riga.

6. Laya ta ƙarshe a bakinki take

Rana ta yi sanyi, wasa ya yi nisa. Na sayi rigar ƙaya. Uwaisu ya fito daga kurmi, jan layinsa ya kusa fin wayar tsawo. Ɗanliti ya zabura ya hau sara. Yana sara, nasa jinin na raguwa. Ya ja da baya ya dubi wayarsa.

"Me kika sa masa?"

"Dusa."

Na lura yana sauya wayar daga hannu zuwa hannu yana hura mata iska. Ta yi zafi kamar kaskon waina, ta fara sanɗarewa. Amma kada ki raina yaro. Da ya ga Uwaisu ba ya saruwa, sai ya kewaye shi da gudu ya nufi gidana ya hau rushewa. Ni ma na nufi nasa, sai dai mai tumbi tafiyarsa tafiyar mai tumbi ce. Na duba na ga zai riga ni. Na ga wayata tana fita daga hannuna, na gan ni zaune ina jin labarin haihuwa bayan an yi suna.

To a nan za ki ciro abin da kika turke tun tuni. Kowace tsohuwa tana da labari ɗaya da ta ɓoye don ranar wuya. Ɗanliti yana neman wata yarinya a Taba, Kamila, yana ta jan ƙafa, ya ƙi faɗa wa ubansa. Ban dube shi ba. Ruƙayyatu na duba.

"Ni kam wane ne mai sabon mashin ɗin nan da aka gani jiya a ƙofar gidan su Kamila? An ce har ruwa ta kawo masa da kanta, tana dariya."

Babban yatsan Ɗanliti ya tsaya cak.

"Wa ya ce?"

"Mutane."

"Waɗanne mutane? Wane irin mashin?"

"Ja, in ji su. Ni me na sani, rediyo ya ishe ni."

Yana tambaya, Uwaisu yana isa. Ya ɗaga gudumarsa ya yi ta kirɓa gidan nan kamar sakwara. Kafin yaro ya dawo hayyacinsa, wayata ta yi kiɗa, tasa ta yi duhu. Ruƙayyatu ta rangaɗa guɗa. Masu aron rariya suka watse da gudu, kowa na son ta riga kai labari.

Ki lura, ban yi ƙarya ba. An ga mashin, ja ne, an kawo ruwa. Abin da ban faɗa ba, mai mashin ɗin yayanta ne Ikrama da ya dawo daga Kano. Ba a tambaye ni ba.

7. Ki ci nasararki da zafinta

Na ci tawa. Ranar kasuwar Makarfi ya ɗauke ni a bayan mashin, na gaisa da kowa tun daga 'yan barkono har 'yan tukwane, yana tsaye a rana ba halin magana.

Sai dai a yammacin karawar nan, ko takalmi bai tsaya nema ba ya hau mashin sai Taba. Ya yi sallama da ƙarfi, sai ga mahaifin yarinyar a zaure tare da Ikrama. Dattijo ya dube shi ya ce, tunda har ya iya zuwa da wannan saurin, to ya turo magabatansa. Kafin a gama yankan rake an ɗaura aure.

Ranar buɗar kai, mu dangin ango muka cika ɗaki, kowa da abin da za ta ba amarya ta yaye mayafi. Na kawo turmin atamfa. Amarya ko motsi. Sai babbar ƙawarta ta sunkuya ta saurara, ta ɗago.

"Amarya ta ce tana gaida Iya. Ta ce tunda Iya ce ta haɗa auren nan da bakinta, ba za ta buɗe kai ba sai da wayar Iya."

Ɗaki ya ɗauki shewa. Na dubi Adawiyya, ita da ta saya, ko za ta cece ni. Tana dariya har da hawaye. Na dubi Ruƙayyatu. Ta ce, "Mero, in kin hana, ni zan ba da labarin, kuma kin san ni." Ta taga kuwa na hango Maigida cikin babbar riga, yana duban sama kamar mai neman wata.

Na kwance bakin zane na miƙa. Amarya ta yaye mayafi, kyakkyawa da ita, ta ce, "Na gode, Iya. Zan kula da Uwaisu."

Ashe yaron nan shi ma ya iya turke.

Ba ruwana

Alkawarin da na yi miki, jaruminki zai kai ƙarshen wasa a tsaye. Ya kai. Ban ce miki waya za ta kwana a hannunki ba. In tuwo ya ƙone kina kurmi, in babban yatsanki ya kumbura, in jikanki ya yi aure ba shiri aka sayar da akuyarki, kada a zo ƙofata. Ban san ki ba, ban taɓa ganin wannan rubutun ba, Ruƙayyatu ce shaida.

Mai son ƙarin bayani ta kira ni da safe. Tsohuwar wayar Ɗanliti ce a hannuna yanzu, cajinta ba ya kai azahar.