Yadda Farfesa Ya Matse Faifai na Uku

A layinmu, in kana so a yi dariya, ka ce "faifai na uku" kawai. Kowa zai waiga shagon Farfesa.

Farfesa, Allah ya ƙara basira, mai gyaran kwamfuta ne, amma kada ka kuskura ka kira shi haka. Shi masanin matse bayanai ne. Haka ya rubuta a ƙofa da jan fenti. Aikinsa ya kwashe tsofaffin fayafayan gem zuwa kwamfuta, ya matse su su ƙanƙance, ya ɗora su kan manhajar da ke kwaikwayon tsohuwar na'urar wasa. Yakan gyara zaman tabarau ya ce, "Ni da na kalli fayil nake ganin kitsen jikinsa. Masu haɗa wasannin nan ɓarnar wuri kawai suka iya."

Yayan matarsa tela ne, gemu duk furfura. Yana da wani gem mai faifai uku. Yana saurayi na'urarsa ta ƙone a tsakiyar na biyu, shi ke nan ya adana fayafayan a akwatin zare shekara ashirin da biyu, bai san yadda labarin ya ƙare ba. Ya kawo su a naɗe cikin ƙyalle.

"Don Allah ka bi su a hankali. Ƙarshen kawai nake son gani."

"Haba Yaya! Ai ka zo gidan abin."

Farfesa ya kwashe, ya matse, ya duba. Sai ya ga na biyu da na uku sunansu ɗaya, girmansu kusan ɗaya, hoton farkonsu ɗaya. Nan fa basira ta motsa. Ya goge na uku, ya fito ya shelanta wa layi cewa ya kama maimaici. Fayafayan kuwa, tunda a cewarsa sun gama aikinsu, ya manna su da gam a bangon shago ta waje, suna ɗaukar ido.

Aka ɗora wa tela wasan a kwamfuta. Sati uku yana fama da shi, keken ɗinki yana hutawa, masu kaya suna sintiri. Ran da ya zo kan dodon ƙarshen faifai na biyu, har maƙwabta ya kira. Muka taru. Dodo ya faɗi, muka yi shewa. Allo ya yi baƙi, rubutu ya fito: a saka faifai na uku.

Tela ya taka har shagon, ya tsaya gaban bango. Rana ta riga ta lanƙwasa faifai na uku kamar murfin tsohon kwano. Ya daɗe yana kallon fuskarsa a ciki, a karkace. Garin neman gira an rasa ido.

Shekaranjiya na leƙa shagon, na ce, "Farfesa, yaya aka ji da na ukun?"

Ko ɗagowa bai yi ba.

"Kai ma da neman magana! Ai na faɗa wa Yaya ƙarshen: jarumi ya ci. Faifai guda cur, na mayar masa kalma uku. Nuna mini wanda ya taɓa matsewa haka."