Zakaran Godiya da Na Kai Jami'a

Ba zan taɓa mantawa ba da ranar da tarbiyya ta kai ni ta baro a ofishin wata jami'a, ina durƙushe da zakara a hammata. Har yau idan zakara ya yi cara da rana tsaka sai in ji gumi yana tsattsafo mini a ƙeya.

Ni malamin firamare ne a Dingaya, cikin ƙasar Gwaram, kuma manomin riɗi idan damina ta yi albarka. Sana'ata ta uku, wadda ba a biyana ko sisi, ita ce jawabin godiya. Duk wani suna ko ɗaurin aure, ni ake turawa gaba. An taɓa miƙa mini lasifika bayan azahar, sai da ladanin la'asar ya zo ya ƙwace ta daga hannuna (ya ce shi ma yana da ɗan abin da zai faɗa wa jama'a).

To, ɗana Nasiru ya samu shiga jami'a a birni. Shekarar farko na biya masa kuɗin ɗakin kwana da ƙyar, sai da na sayar da tunkiyar uwarsa (har gobe ba a gama wannan shari'ar ba a gidana). Da shekara ta zagayo sai aka ƙara kuɗin. Da ya turo mini sabon farashin a waya, na cire tabarau na goge, na mayar, kuɗin bai ragu ba. Na duba albashi, na leƙa rumbu, na juya na kalli garke, sauran tumakin suka kau da kai.

Wasa nake yi yanzu, amma a lokacin ba na dariya. 'Yar maƙwabcina ta dawo gida a wannan zangon, yarinya mai kai, ba jarrabawa ta faɗi ba, wurin kwana ne ya gagare ta. Abin da nake gudu ke nan, kada in ga Nasiru ya shigo da akwati a ka.

Ana cikin haka sai ya kira ni yana murna.

"Baba, kwantar da hankalinka, na samu wuri. Habu, abokina ɗan Wurno, ya biya nasa, ya ce in zo mu riƙa raba gado. Ba ni kaɗai ba ne ma, har da ɗan Malam Idi na Farin Dutse da wasu yara biyu na garinmu da ka sani."

Na ce, "Ba a biyan komai?"

Ya ce, "Ko sisi, Baba."

Bai faɗa mini cewa dokar makaranta ta hana irin wannan raɓewar ba. Ni kuma ban tambaya ba, domin hankalina ya riga ya tafi wani wuri. A wurinmu, idan ɗanka ya sauka a gidan mutum yana kwana yana tashi, ba ka naɗe ƙafa ka yi shiru. Dole ka tashi da kanka ka je ka gaida mai gidan, da 'yar tsarabarka a hannu. Habu kuwa yaro ne, shi ma baƙo ne a gidan. Gida yana da mai shi, kuma shi ya cancanci godiya.

Na sa aka kama mini jan zakaran nan da ya fi kowa girma a unguwa (idan ya miƙe wuya yana leƙa katangar maƙwabta), na auna riɗi a ɗan buhu. Matata Ladi ta tsaya a bakin ƙofa tana kallona.

"Malam, ka kira yaron ka sanar da shi mana."

Na ce, "Ba-zata zan yi masa. Ya ga ubansa ya san ya kamata."

Ta ce, "Ni dai bakin nan naka nake jin tsoro."

A tashar Birnin Kudu direba ya so ya karɓi kuɗin kujerar zakara, na ce ai a cinyata zai zauna. Muka isa da hantsi. Na tambayi maigadin ƙofa, "Ina zan ga mai gidan da yara suke kwana?" Ya kalle ni, ya kalli zakara, ya nuna mini ofishin shugaban ɗakunan kwana.

Na yi sallama na shiga. Dattijo ne mai furfura a gemu, da wasu ma'aikata biyu a gefensa. Na cire takalmi, na durƙusa, muka gaisa har da tambayar iyali da gajiya. Sai na gyara murya. Duk wanda ya san ni ya san idan na gyara murya an shiga uku.

"Ranka ya daɗe, daga Gwaram na taso musamman don in yi maka godiya. A wannan zamani da kowa ke ta kansa, ka ɗauki ɗan talaka ka ba shi masauki ba tare da ka karɓi ko kwabo ba."

Ya ɗaga gira. "Ni na ba shi?"

Na ce a raina, ka ji mutumin kirki, har ɓoye alherinsa yake yi.

"Kai mana, ranka ya daɗe! Nasiru, ɗana. Wanda yake kwana a gadon Habu ɗan Wurno."

Ɗaya daga cikin ma'aikatan ya kama tari. Shugaban ya jingina da kujera yana murmushi, ya ce, "Ikon Allah. Ci gaba, Malam, muna jin ka. Shi kaɗai ne?"

Jama'a, a nan ne ya kamata in farga. Ina! An ce wa mai jawabi ya ci gaba. Na ce ai alherinsa ya wuce nan. Na kawo ɗan Malam Idi na Farin Dutse, na kawo sauran biyun da sunayensu da na iyayensu da sana'ar kakanninsu. Na ce ɗakin mutum huɗu ya zama na takwas saboda faɗin zuciyarsa. Na ɗaga hannu na roƙi Allah ya gina masa gida a Aljanna mai ɗakuna yadda ba sai an raɓa da kowa ba. Ma'aikatan nan suka ce amin, hawaye na zuba daga idanunsu. Ni kuwa na ɗauka jawabina ne ya ratsa su.

Shugaban ya ce a kira masa yaran.

Habu ne ya fara shigowa, Nasiru na biye da shi. Da ɗana ya gan ni a ƙasa da zakara, sai ya dafa bango. Ban taɓa ganin baƙin mutum ya koma fari fat ba sai ran nan.

Ya ce, "Baba... me ka zo yi?"

Na ce, "Godiya mana!"

Shugaban ya share ido ya ce, "Malam, tun farkon zangon nan muke farautar masu raɓewa a ɗakuna. Idan muka shiga ta ƙofa su fita ta taga. Amma tun da na fara aikin nan ban taɓa ganin wanda ya kawo mana su da kansa, har da zakara a kai ba."

A daidai lokacin ne zakaran ya zaro wuya daga hammatata ya rangaɗa cara. Da ƙasa tana da ƙofa, da ni da shi mun shige.

Sai da aka daina dariya sannan aka bayyana mini dokar: mai raɓewa a kore shi, wanda ya raɓa shi kuma ya rasa gadonsa. Wato Habu, yaron da ya taimaki ɗana, shi ma bakina ya ja masa. Nan fa jawabi ya ƙare. Ni da nake cika fili da magana, abin da ya iya fitowa daga bakina shi ne, "Ranka ya daɗe, yaron nan bai yi laifin komai ba sai tausayi. Idan aka kore su, gida za su koma, karatun ya ƙare."

Dattijon ya ce shi ma yana da 'ya'ya a makaranta, ya san yadda kuɗin nan yake karya iyaye, kuma ba shi ya yanka shi ba. Amma magana ta riga ta fito a gaban abokan aikinsa, ba yadda zai yi kamar bai ji ba. Ya bar wa Habu gadonsa. Sauran huɗun ya ba su zuwa ƙarshen wata su nemi wuri. Tsarabar kuwa ya ce in ɗauke abata, kada a ce cin hanci ya karɓa.

Muka fito waje. Can sai Habu ya ce a hankali, "Baba, tunda dai ya ƙi karɓa, a bar mana zakaran." Na miƙa masa ba musu. Zakaran nan kaɗai ne ya fi ni shan wuya a wannan tafiyar.

Aiki mafi nauyi yana gida. Dole na bi iyayen yaran ɗaya bayan ɗaya in faɗa musu abin da na aikata. Malam Idi na Farin Dutse ya saurare ni har ƙarshe, ya ce, "Malam, don Allah idan na taɓa yi maka wani alheri, ka rufa mini asiri, kada ka gode." Ladi kuwa ta dai yi ta waƙe-waƙe tana tankaɗe, wanda ya fi zagi ciwo.

Amma da yake iyayen sun haɗu a dalilin wautata, sai muka yi abin da ya kamata mu yi tun farko. Kowa ya kawo abin da ya sawwaƙa, mai riɗi ya sayar, mai akuya ya kai kasuwa, muka kama wa yaran ɗaki guda a wata unguwa bayan makaranta. Da ɗan nisa, ruwa sai an ɗebo, amma ba mai tsalle ta taga, kuma ba wanda ya dawo gida da akwati.

Abin da na koya shi ne, zamani ya kawo alherin da ake yi a ɓoye, mai karɓa ya rufe baki, ubansa ma ya rufe. Yanzu kafin in gode wa kowa a birni sai na kira Nasiru na nemi izini. Kwanan baya na tambaye shi ko in zo in gaida mai sabon gidan nasu.

Ya ce, "Baba, shi ma ya ɗauka mu biyu ne a ɗakin. Yi zamanka a Dingaya."